Duwatsun Kaka Habu Mai Tamfol

Duk wanda ya san Kaka Habu Mai Tamfol ya san ba ya ce wa matafiyi "ya hanya?" Kai dai ka dawo daga tafiya, ko daga Legas ko daga nan Sule Tankarkar, ka tsuguna a bakin rumfarsa ta kasuwar Maigatari ka miƙa gaisuwa. Zai soke basillarsa a jikin tamfol, ya dube ka ta saman tabarau, ya ce, "Wane dutse ka wuce?" In ka ambaci wani, ta biyu na nan tafe: "Ka hau?" In kuwa tsautsayi ya sa ka ce e, to gyara zama, don ta ukun ita ce mai kayar da manya: "Me ka gani daga sama?"

Wannan fa mutum ne da aka haifa, ya girma, ya tsufa a ƙasar da take shimfiɗe kamar faifai. A wajenmu in akuyarka ta tsinke da safe, tsayuwa kawai za ka yi a bayan gari ka hango ta tana kama hanyar Gumel. Ba tudu, ba gangare. Amma nan Allah Ya ajiye mutumin da ba shi da zance sai duwatsun duniya.

Ni ce Kulu, jikarsa, 'yar Sani. Ku yi mini haƙuri in zancen ya riƙa karkacewa. Yau kwana uku da saukowata daga kan Dala a Kano, har yanzu in na rufe ido sai in ji ƙasa ta janye ta bar ni. Abin da ya kai ni can ƙarya ce. Na yi wa Kaka ita shekara huɗu da suka wuce, ya rasu ban warware ta ba. Zan zo kanta, amma sai na fara da shi, don in ba ku tuna halinsa ba, ba za ku gane girman abin da na aikata ba.

Iya Gambo, wato kakarmu matarsa, ta ce ciwon ya samo asali ne daga wani malamin makaranta da ya taɓa zama a zaurensu tun suna amare. Da zai tashi, sai ya bar wa Kaka wani littafin taswirar duniya. Boko dai Kaka bai wuce ajin yaƙi da jahilci ba, amma littafin nan ya haddace shi har bangonsa ya zube, ya ɗinka masa sabo da tamfol. Kullum bayan sallar asuba zai fito ƙofar gida da sandarsa ya yi ta nuni kamar mai raba wa gari unguwanni.

"Nan gabas, can ƙarshe, Ebares. Tsakanin Nefal da Sin yake, shi ne babbansu duka. Karkato kudu kaɗan, Kilimanjaro ke nan a Tanzaniya, dab da iyakar Kenya, ƙanƙara a kansa kamar ya sa farar hula. Juya arewa, Bagzan a ƙasar Azbin, gaba da Agadas. Ke Kulu, ina Kufena?"

"Zariya."

"Kwatarkwashi?"

"Zamfara."

"Wane ne ya fi tsawo a ƙasarmu?"

"Zuma."

"Zuma. Ku ji ta. Don an buga shi a takardar kuɗi? Zuma kyau ne da shi, yana tsaye bakin hanyar Abuja kowa na ganinsa. Mai tsawon yana can Taraba ya ɓuya a iyakar Kamaru, Cabbal Wadi. Ki sake ce mini Zuma, na fasa auren."

Haka muke da shi, wasan jika da kaka. Yana ce mini amarya, ina ce masa tsohon da ba shi da ko keke. A kan Zuma kaɗai ya fasa aurena ya fi sau ashirin.

Sana'arsa ɗinkin tamfol na manyan motoci, kun sani. Ita ce ta haɗa shi da direbobi, su kuma suka zama ƙafafunsa. Duk wanda zai yi nisa, Kaka zai ba shi saƙo ya ɗauko masa ɗan dutse daga dutsen da ke kan hanyarsa. Kowanne in ya iso sai ya ɗinka masa 'yar jaka da guntun tamfol, ya rubuta sunansa da ajami, ya sa a akwatin ƙarfe. Amma kafin dutse ya shiga akwatin nan sai ya ci jarrabawa. Kaka zai auna shi a tafin hannu. Ya kai hanci ya shinshina. Sannan ya lasa.

Iya takan ce, "Malam, da furfurarka kana lasar duwatsu kamar akuya ta sami kanwa."

"Kowace ƙasa da ɗanɗanonta. Ke miyar wani gida ba kya gane ta?"

Wanda ya faɗi jarrabawa shi ma ana ɗinka masa jaka, sai dai ba akwati zai shiga ba. Akwai wata igiya da Kaka ya ɗaura a bakin rumfa, daidai inda kowa ke wucewa ranar Alhamis, ranar kasuwa. Sunanta igiyar maƙaryata. Nan ake rataye dutsen, da sunan wanda ya kawo shi.

Wanda ya buɗe igiyar nan shi ne Sale Dogo direba, kuma na san yana cikin masu karanta wannan. Baba Sale, ka yafe ni, ni ma yanzu 'yar ƙungiyarku ce. Ya dawo daga kai shanu kudu, ya zo da wani farin dutse a nannaɗe cikin hankici, yana tafiya a hankali kamar ya ɗauko ƙwai.

"Baba Habu, yau na gama maka komai. Kilimanjaro."

Kaka bai ɗago ba. "Da wace mota?"

"Da tawa mana."

"Taka, wadda sai an tura ta take tashi a Gagarawa?"

"An gyara ta."

"To madalla. Iyaka nawa ka ƙetare?"

Baba Sale ya dubi sama yana lissafi. "Biyu. Ko uku. Ka san da dare muka bi."

"Ka hau?"

"Har ƙoli."

"Me ka gani daga sama?"

"Kai Baba, me ban gani ba? Har Makka ana hangowa."

Kaka ya karɓi dutsen, ya auna, ya shinshina, ya lasa, ya tofar. "Wannan dutsen guga ne, Sale. Har da sauran kaushin ƙafar matarka a jiki."

Rumfa ta ɗauki dariya. Shekara goma sha ɗaya jakar nan na lilo a igiya, har mutane suka daina ce masa Sale Dogo suka koma Sale Kilimanjaro, ya gaji da faɗa ya sa aka rubuta a bayan motarsa.

Sau ɗaya na ga wani ya amsa tambaya ta uku Kaka ya sallama. Wani Buzu ne mai raƙuma, ya kawo masa baƙin dutse daga Bagzan. Da aka ce me ya gani daga sama, ya daɗe yana tunani a cikin rawaninsa, sannan ya ce, "Na ga bayan mikiya." Kaka ya cire tabarau ya goge. Bai ma lasa dutsen ba. Da Buzun ya tafi ya ce mini, "Kin ji wanda ya hau. Mu nan tun da aka haife mu cikin tsuntsu kaɗai muke gani."

Sai maganar suri. A gonarsa ta hanyar Sule Tankarkar akwai wani surin gara da ya ɗara mutum tsawo, a tsakiyar gona sosai. Kaka ya raɗa masa suna Ebares. Wata shekara Babanmu ya samo tarakta za ta yi huɗa, ya ce a fara da ture surin. Kafin mai tarakta ya juyo, Kaka ya shimfiɗa buzunsa a gindin suri ya zauna, ya jawo carbi.

"Baba, kunya goma ce fa wannan abu yake ci mana duk shekara."

"Kai kana cin fiye da haka, na ture ka?"

"Gara ce a ciki, Baba."

"Su suka gina abinsu, ba su nemi taimakon kowa ba. Daga nan har Gumel nuna mini abin da ya fi shi tsawo wanda ba mutum ne ya yi ba."

"Ga kuka can."

"Kuka itace ce. Ina maganar ƙasa, kana kawo mini itace. Kuɗin makarantarka dai sun tafi a banza."

Mai tarakta ya leƙo ya ce shi fa yana da wata gonar a gaba. Kaka ya ce ya bi ta gefen Nefal, ya dawo ta gefen Sin, kada ya kuskura ya taɓa iyaka. Haka aka yi huɗar, kunyoyi suka zagaye suri kamar an yi masa rawani. Har yau in Babanmu zai aiki mutum gona sai ya ce, "Ka fara daga gefen Sin," kuma ba wasa yake yi ba, sunan ya zauna.

Yanzu ga abin da da yawanku kuka sani amma ba wanda ya taɓa faɗa a gabansa. Kaka bai taɓa hawa dutse ba. Ko ɗaya. Kai, ko tsani ba ya hawa. In zabuwar Iya ta yi ƙwai a kan soro, sai ya ce a bar mata, ita ma tana da haƙƙi. Duk tamfol ɗin da zai ɗinka sai an sauko masa da shi ƙasa, yana cewa allura ba ta son iska.

Ina 'yar shekara tara asirin ya tonu a idona, ranar da na kai masa abincin rana. An yi wa wata mota lodin riɗi har sama, an ɗaure, sai aka ga tamfol ya yage a can ƙoli, ga hadari ya haɗo daga gabas. Ba lokacin kwancewa. Direban, wani mutumin Damagaram mai ce wa babbar mota kamiyo, ya yi ta roƙo: "Baba, in ruwan nan ya sauka kamiyon nan duka ya lalace." Kaka ya ce a sauko da tamfol. Sai Baba Sale, da yake yana da tsohon ciwo, ya ce da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Ku ƙyale shi. Mai Ebares ne, wannan ɗan tudun ya yi masa kaɗan."

Kaka ya miƙe. Ya soke basilla a hula, ya kama igiya, ya hau. Wallahi ya hau, yana salati tun daga taya har sama. Ya yi ɗinkin nan tsaf, masu gani suka ce ba su taɓa ganin layi miƙaƙƙe kamarsa ba. Da ya gama sai ya kwanta rub da ciki, ya rungume buhu.

"Baba, sauko mana, za mu tashi."

"Ina nazari."

"Nazarin me?"

"Ba ruwanku."

Aka kawo tsani, ya ce a ɗauke. Aka ce wani ya hau ya goyo shi, ya ce duk wanda ya taɓa shi bai yafe ba. Hadarin ma ya gaji da jira ya wuce Nijar da ruwansa. Ƙarshe dai sai da aka kwance igiya, 'yan dako suka riƙa zare buhunan ɗaya bayan ɗaya daga gefensa da ƙarƙashinsa, yana mirginawa daga wannan zuwa wancan, yana yin ƙasa a hankali, har ya iso daidai inda zai zuro ƙafa. Ya dira, ya kakkaɓe riga, ya gyara hula.

Baba Sale ya matso, baki har kunne. "Baba Habu, ka hau?"

"Na hau."

"Me ka gani daga sama?"

Kaka ya dube shi ido cikin ido. "Tamfol."

Da dariya ta lafa ya ƙara da cewa, "Amma ku rubuta ku ajiye. Kowa saukowa yake yi daga dutse. Ni kaɗai ne dutse ya sauko da ni."

A hanyar gida ya riƙe hannuna, na ji tafinsa sharkaf da gumi. Na san irin wannan gumin, don ni ko kan jaki aka ɗora ni sai na yi kuka.

To, ga ƙaryata. Muna aji biyar na sakandare aka ce za a kai mu Kano yawon buɗe ido, har da hawa Dala. Da Kaka ya ji, sai ka ce shi aka ba kujerar Makka. Kwana uku yana karanta mini: Dala na tsakiyar birni, Goron Dutse na yamma da ita, kada in ruɗe. Ya ce, "Na ƙasa ba na so, amarya. Na sha zuwa gindinta. Na ƙoli za ki ɗauko mini. Jinina bai taɓa hawa dutse ba, ke ce ta fari."

Matakala goma sha biyu na taka. Na ƙirga. A ta sha biyun na yi kuskuren waiwayawa, sai na ga rufin wani gida a ƙasa da ƙafata. Nan na zauna. Ƙawayena suka wuce suna ta surutu, ni kuwa na sauko da mazaunai, ɗaya bayan ɗaya, na shige mota na rufe fuska da hijabi. Tsoro bai bar ni na tuna ko dutsen gindin in ɗauka ba. Sai da muka tsaya sallar la'asar a Gagarawa Tasha na tuna da Kaka yana can yana jira. Na dubi layin dogo, ga duwatsu nan zube iya ganinka. Na sunkuya kamar mai gyara takalmi.

Ya karɓa da hannu biyu. Ya auna. Ya shinshina. Ya lasa. Ya dube ni ta saman tabarau, ya ce, "Kin hau?"

"Na hau."

"Me kika gani daga sama?"

Na kwashe abin da na ji ƙawayena na faɗa a mota na zuba masa: gidaje kamar akwatin ashana, mutane kamar tururuwa.

Ya gyaɗa kai. "Haka ne. Haka ake faɗa."

Ya ɗinka jakar da jan zare, abin da bai taɓa yi wa wani dutse ba. Alhamis na zuwa ya tafi da ita kasuwa, duk wanda ya tsuguna sai an nuna masa. "Jikata ta hau Dala." Baba Sale ya karɓa ya jujjuya ya ce, "Baba Habu, anya? Wannan ai kamar irin na..." Kaka ya fizge abinsa. "Kai da ka hau Kilimanjaro da mota, kai ne za ka duba mini dutse?"

Shekara huɗu ina ɗauke da abin nan. Duk ranar da na bi ta rumfar sai na saci kallon igiya in ga ko sunana ya hau. Ba ratayewar ce ta fi ba ni tsoro ba. Fuskarsa nake tunani, ranar da zai gane cewa abin da yake taƙama da shi a gaban direbobi tsakuwar jirgin ƙasa ce. Sau biyu na yi niyyar faɗa masa. Na farko ina cewa, "Kaka, game da dutsen nan," sai ya ce in ruga in sayo masa zare. Na biyu ya ce kunnensa ya toshe tun safe, in bari sai wani lokaci.

Da damina ta bana ya kwanta, kwana shida kacal. Rana ta biyar ya kira ni ya nuna akwatin da ke ƙarƙashin gado. "Naki ne. Kada ki bari yaran gidan nan su jefi kaji da Bagzan." Na buɗe baki zan yi magana, ya ɗaga hannu. "Ke dai kin cika surutu, shi ya sa na fasa auren." Washegari da hantsi Allah Ya karɓi abinSa.

Ban iya taɓa akwatin ba sai da Iya ta fita takaba. Muka zauna ni da ita muna fito da su ɗaya-ɗaya: Kufena, Zuma, Shere ta Jos, duwatsun Damagaram, Bagzan. Na zo kan mai jan zare. Na kwance bakinta don in ga abin kunyata, sai ga 'yar takarda a naɗe tare da dutsen. Rubutunsa ne.

"Layin dogo, Gagarawa Tasha. Yana ɗanɗanon baƙin mai. Dutsen Dala ja ne."

A ƙarƙashinta kuma ga wata jakar, ita ma da jan zare, ba komai a ciki sai takarda.

"Dala ta gaskiya, daga hannun Kulu, ranar da ta shirya. Ba gaggawa. Ni ma ban hau ba."

Na yi kuka har na shiɗe. Iya na zaune tana kallona tana ɓare gyaɗa.

"Iya, kin sani?"

"Tun a daren. Ya shigo yana wanke baki da toka, ya ce yarinyar nan ta ba shi jirgin ƙasa ya lasa."

"Me ya hana shi rataye ni?"

"Na tambaye shi. Ya ce Sale ƙarya ya yi don ya burge, ke kuwa don kada ki ba shi kunya. Ya ce in ya rataye ki, ke da dutse har abada." Ta watsa gyaɗa a baki. "Asabar za mu Kano."

"Mu?"

"Shekara hamsin mutumin nan yana cika mini kunne. Zan je in ga abin da ya hana ni barcin safe."

Ranar Asabar muka isa gindin Dala da hantsi. Iya ta ɗaure mayafi a ƙugu, ta cire takalmi ta riƙe a hannu, ta kama hawa, tana hutawa tana mita. Ni kuwa a matakala ta sha biyu ƙafafuna suka gane wurin, suka tsaya da kansu. Na ji kamar dutsen yana numfashi yana son ya kakkaɓe ni. Na zauna a daidai inda na zauna shekara huɗu da suka wuce, na ce, "Iya, ba zan iya ba. Ki ɗauko mini."

Ta juyo. "An rubuta daga hannun Gambo ne a takardar?"

"A'a."

"To. Kama bakin zanena. Kada ki dubi komai sai dugadugaina. Ga su nan duk faso, ki yi ta ƙirgawa."

Haka na hau Dala, jama'a. Da rarrafe, hannu ɗaya a matakala, ɗaya a zanen tsohuwa, ina karanta duk addu'ar da na sani, har da ta shiga kasuwa. Wasu mata masu saukowa suka tsaya suna yi wa Iya sannu, suna cewa Allah Ya ba yarinyar lafiya. Iya ta ce, "Amin, gado ne."

Da muka kai sama na kwanta rub da ciki. Ban san na yi irin kwanciyarsa ba sai da na ji Iya na dariya har da tari. Na lalubo wani ɗan dutse kusa da fuskata, na damƙe. Ja ne, mai ƙuraje-ƙuraje, da nauyi kamar ƙarfe.

"Lasa mana," in ji Iya.

Na lasa. Ƙasa-ƙasa, tsatsa-tsatsa, ba baƙin mai.

Ta zauna kusa da ni tana haki. Sai ta sauya murya, ta yi irin tasa. "Kin hau?"

"Na hau."

"Me kika gani daga sama?"

"Dugaduganki."

"Shi ya ga tamfol, ke kin ga faso. Wannan gida Allah Ya kyauta. Tashi zaune, na riƙe ki."

Na tashi zaune, ta rungumo ni ta baya. Na buɗe ido ɗaya, sannan ɗayan. Ga Kano nan ta bazu har inda ido ya ƙare, rufin kwano masu tsatsa, hasumiyoyin masallatai, ga Goron Dutse can yamma, daidai inda ya ce. Ina cikin kallo sai wata shirwa ta taso daga cikin unguwa, ta zo ta gifta ta ƙasa da mu, fukafukai a buɗe, ko motsa su ba ta yi. Bayanta ruwan ƙasa ne, da ɗan haske a kafaɗu.

Na ce, "Iya, na ga bayan shirwa."

Ta ce in nuna mata wajen gida. Na nuna gabas maso arewa, yadda ya koya mini da sanda. Ta daɗe tana kallon wajen, sannan ta ce a hankali, "Malam, ashe da gaskiyarka." Ta share ido da bakin mayafi, ta miƙe. "To tashi. Wannan ba buhun riɗi ba ne, ba mai zare miki shi."

Saukowar kada ku tambaye ni. Zanena dai ya gama aiki.

Jiya na sa jan dutsen a jakarsa, na ɗaure, na mayar akwati kusa da Bagzan. Na layin dogon kuwa na kai shi rumfa da kaina. Igiyar na nan, wanda ya gaji wurin bai kwance ta ba. Na rataye shi kusa da Kilimanjaro, da sunana a jiki. Baba Sale yana wurin, ya karanta, ya dube ni, ya ce, "Shekara huɗu ina faɗa a raina. Sannu da zuwa, maƙwabciya." Sai kuma ya juya baya yana gyara hular da ba ta karkace ba.

Allah Ka jiƙan Kaka Habu. Ya san aibina tun daga lasa ɗaya, ya rufe, ya ɗinke bakinsa da jan zare. Ka rufe nasa fiye da haka. Ka yalwata masa kabarinsa kamar ƙasar da ya rayu a cikinta. Ka ɗaga shi zuwa can ƙololuwar Aljanna, Ka cire masa jiri kafin ya isa, ya tsaya da ƙafafunsa ya buɗe ido ya duba. In Ka haɗa mu, ni zan riga shi tambaya.

Amin.